Yadda Yaro Ke Koyon Fahimtar Zukatan Mutane, Da Alaƙar Hakan Da Lafiyar Ƙwaƙwalwa

  

Shekarun baya an kawo mana wani yaro ɗan shekara takwas a makarantarmu ta nan zango. Cikin wata huɗu ya haddace abin da sa'o'insa ke yin shekara ba su kai ba. Amma ba ya gaida kowa sai an ce masa ya gaida, kullum a wuri ɗaya yake zama, in wani ya riga shi wurin sai kuka da birgima. Rannan yana ta maimaita aya da ƙarfi alhali an ce a yi shiru, sai ɗaya daga cikin malamanmu ya ce masa, "To, ci gaba, kada ka daina!" Yaro kuwa ya ci gaba. Aka zane shi saboda raini. Mu ma a lokacin raini muka ɗauka, Allah Ya yafe mana. Sai daga baya muka gane cewa yaron umarni ya ji, umarni kuma ya bi. Gatsen da ke cikin maganar bai iso gare shi ba sam.

Wannan ne ya sa muka shiga bincike da tambayar masana a kan abin da muke son bayani a wannan fitowa: ta yaya ɗan Adam ke koyon gane abin da ke cikin zuciyar wani, kuma me ke faruwa idan wannan ganewa ta yi jinkiri, ko ta karkace?

Mu fara da abin da ɗalibanmu suka sani. A fiƙihu akwai yaro mumayyizi da wanda bai kai tamyizi ba. Wasu malamai sun ɗaure shi da shekara bakwai, shekarar da aka ce a fara umartar yaro da salla. Wasu kuma, musamman a mazhabarmu ta Malikiyya, suka ce ba a ƙidaya shi da shekaru, ana duba ko yaron yana fahimtar maganar da aka yi masa kuma yana mayar da amsar da ta dace. Kun ga ke nan tun tuni malamanmu sun lura cewa fahimtar mutane abu ne mai girma a hankali kamar yadda jiki ke girma, kuma yara ba sa isa gare shi rana ɗaya. Abin da masu binciken zamani suka ƙara shi ne bin matakan ɗaya bayan ɗaya.

Matakin farko yana farawa tun a zanen goyo. Jariri ɗan kwanaki ya fi son kallon fuskar mutum a kan kowane abu. Wajen mako shida zuwa takwas yakan fara mayar da murmushi ga wanda ya yi masa. Wani masani a Amurka mai suna Edward Tronick ya yi wani gwaji a shekarun 1970: uwa tana wasa da jaririnta, sai a ce ta daskarar da fuskarta na kamar minti biyu, ba murmushi, ba motsi. Jaririn yakan yi ta ƙoƙarin dawo da ita, ya yi murmushi, ya miƙa hannu, ya yi ƙara. In abin ya ci tura sai ya kau da kai ya fashe da kuka. Ɗan watanni ke nan, bai san kalma ko ɗaya ba, amma ya riga ya san cewa fuska tana amsawa, kuma shirunta yana masa ciwo.

Daga wata tara zuwa shekara ɗaya sai wani abu sabo ya bayyana. In kika kalli ƙofa, shi ma ya juya ya kalli ƙofar. Ba da jimawa ba zai fara nuna abu da yatsa, ya ga akuya ya nuna, sannan ya juyo ya dubi fuskarki don ya tabbatar kin gani. Ba akuyar yake so a ba shi ba, so yake ku gan ta tare. Ku riƙe wannan nuni da yatsa, za mu dawo kansa, don yana daga cikin manyan alamomin da likitoci ke dubawa.

Ɗan shekara biyu zuwa uku ya san mutane suna da abin da suke so da wanda ba sa so. Amma har yanzu yana ɗauka cewa abin da ya sani kowa ya sani. Shi ya sa in ana wasan ɓuya zai rufe idonsa da tafin hannu ya ce ya ɓuya. Shi ya sa kuma in aka ba shi waya kakarsa tana tambayarsa daga Tamale ko ya ci abinci, sai ya gyaɗa kai kawai.

Babban tsallake yana zuwa tsakanin shekara huɗu da biyar. A 1983 wasu masana biyu, Heinz Wimmer da Josef Perner, suka ƙirƙiro hanyar gwada shi, aka kuma sauƙaƙa ta a Landan a 1985. Ga yadda take. Ana nuna wa yaro 'yan tsana biyu. Ta farko ta sa ɗan ƙwallonta a kwando ta fita. Bayan fitarta ta biyu ta ɗauke ƙwallon ta sa a akwati. Ta farko ta dawo. Sai a tambayi yaro: ina za ta nemi ƙwallonta? Mafi yawan 'yan shekara uku sukan ce a akwati, don nan suka san yake. Mafi yawan 'yan shekara biyar sukan ce a kwando, har da dariya, don sun gane cewa mutum yana iya ɗauke da zato a ransa wanda ya saɓa wa gaskiya, kuma da zaton nan zai yi aiki.

Kada wani ya ce wannan abin yaran Turawa ne. A 1991 an wallafa irin wannan gwaji da aka yi da yaran ƙabilar Baka, mafarautan da ke dazuzzukan kudu maso gabashin Kamaru, waɗanda ba su taɓa shiga aji ba. Maimakon 'yar tsana sai aka yi amfani da mutum na gaske da ya ajiye abincinsa a kwano mai murfi ya tafi, aka ce yaro ya sauya masa wuri. Sakamakon ya zo daidai da na Turai: manyan cikinsu, 'yan wajen shekara biyar, sun san inda mutumin zai fara dubawa, ƙananan kuwa yawanci ba su sani ba.

A nan akwai abin da zai ba iyaye mamaki. Lokacin da yaro ya fara iya shirya ƙarya mai kama hankali, alama ce ta cewa wannan fahimta ta kankama, don ba ka yaudarar mutum sai ka san abin da ya sani da abin da bai sani ba. Ba muna cewa a yi wa ƙarya tafi ba ne, a tsawata, a koya masa gaskiya. Sai dai ƙofar da ƙarya ta shigo ta nan ce tausayi ke shigowa, da kara, da sanin ya kamata, da riƙe sirri. Gane gatse da habaici da zolaya kuwa yakan ɗauki wasu shekarun, yawanci daga shida zuwa takwas har sama, kuma abin yana ci gaba da nuna har bayan balaga, domin sashen gaba na ƙwaƙwalwa ba ya gama ginuwa sai mutum ya haura ashirin.

To me ke ciyar da wannan fahimta? Mutane da magana. An samu a bincike cewa yaran da ke da 'yan'uwa a gida sukan riga waɗanda suke su kaɗai cin wannan gwaji na kwando da akwati. An kuma samu cewa yara kurame da aka haifa a gidan masu ji, inda babu mai iya maganar hannu, sukan yi jinkiri sosai, alhali kuramen da iyayensu kurame ne masu maganar hannu ba sa yin wannan jinkiri. Ashe abin da ya rage wa na farkon shi ne hira. A nan gidajenmu na zango, masu ɗakuna goma da tsakar gida ɗaya, suna da wata ni'ima da ba mu ƙirga ta. Haka tatsuniyar dare. Duk labarin Gizo ai a kan wannan yake tafiya: Gizo ya san abin da Kura ba ta sani ba, yaro mai saurare kuma yana riƙe da zukata biyu a kansa lokaci guda. Muna jin tsoron abin da zai biyo baya yanzu da aka maye gurbin kaka da waya, ana miƙa wa ɗan shekara ɗaya ita don ya yi shiru. Waya tana magana, amma ba ta duban fuskar yaro ta amsa masa.

Mafi munin shaida a kan muhimmancin wannan ta fito daga ƙasar Romaniya. Da gwamnatin Ceausescu ta faɗi a ƙarshen 1989, aka tarar da yara sama da dubu ɗari a gidajen marayu, da yawansu kwance a gadaje yini guda babu mai ɗauka, babu mai yi musu magana. Wani likita a Ingila, Michael Rutter, ya bi diddigin waɗanda iyalai a can suka ɗauka riƙo. Waɗanda aka fitar kafin su cika wata shida a wannan hali yawancinsu sun kamo sa'o'insu. Waɗanda suka daɗe fiye da haka, da dama daga cikinsu sun girma da wahalar mu'amala da mutane da ta tattara hankali, wasu har suka manyanta da ita.

Wannan ya kawo mu ga maijego. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce a ƙasashe masu tasowa kusan mace ɗaya cikin biyar tana samun matsalar ƙwaƙwalwa bayan haihuwa, galibi ciwon damuwa. Ku tuna da gwajin daskararriyar fuska. Uwar da wannan ciwo ya kama ba da gangan fuskarta ke mutuwa ba. In kuka ga maijego ta daina walwala, tana kuka ba dalili, ba ta barci ko da jariri ya yi barci, tana cewa ita ba uwar kirki ba ce, kada a tsaya ga "ki yi haƙuri" kaɗai. A kai ta asibiti, a kuma samu masu ɗaukar jaririn suna masa wasa kafin ta warware. Al'adarmu ta zaman jego a gaban uwa ko gwaggo har arba'in tana da amfani babba a nan, kada tsadar rayuwa ta sa mu yar da ita.

Yanzu mu koma ga yaronmu na farko. Abin da ke tare da shi likitoci suna kiransa otizim, wasu 'yan jaridar Hausa kuma suna cewa galahanga. Likita Leo Kanner ne ya fara siffanta shi a Amurka a 1943, a kan yara goma sha ɗaya. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ƙiyasta kusan yaro ɗaya cikin ɗari yana da shi, an kuma fi gano shi a maza. A wancan gwaji na Landan na 1985, wanda Simon Baron-Cohen da Alan Leslie da Uta Frith suka yi, an gwada yara 20 masu otizim, 16 suka nuna akwati, duk da cewa matsakaicin shekarunsu ya kusa goma sha biyu. Aka gwada yara 14 masu lalurar Down, wadda ke rage kaifin fahimta gaba ɗaya, sai 12 suka amsa daidai. Wannan ya nuna cewa karanta zukatan mutane wata baiwa ce daban da kaifin ƙwaƙwalwa. Yaro zai iya haddace izu goma ya kasa gane cewa malam ya yi fushi.

Sai dai a yi hattara da abu uku. Na farko, otizim ba sakacin uwa ke kawo shi ba, kada a ɗauki labarin Romaniya a ɗora wa wata baiwar Allah laifi. Bincike a kan tagwaye ya nuna gado ne ke da kaso mafi girma, yanayi ne na yadda ƙwaƙwalwa ta ginu tun farko. Ba allurar rigakafi ke kawo shi ba kuma. Rahoton da ya yaɗa wannan zargi a 1998, mujallar da ta buga shi ta janye shi a 2010, aka kuma soke lasisin likitan. Na biyu, wahalar karanta fuska ba rashin tausayi ba ce. Yaronmu ranar da aka gaya masa ƙarara cewa abokin zamansa ya rasa mahaifi, ya fi kowa damuwa. Na uku, wani masani mai suna Damian Milton, wanda shi kansa yana da otizim, ya jawo hankali a 2012 cewa rashin fahimtar ta ɓangare biyu ce: kamar yadda suke kasa karanta mu, haka muke kasa karanta su. Mu da muka zane yaro a kan gatse ba mu da bakin musa masa.

Akwai wani abu da ya shafe mu musamman. Littattafan likitanci suna yawan ambaton rashin haɗa ido a matsayin alama. To mu a wajenmu yaron da ke sunkuyar da kai gaban babba shi ne mai kunya, yabonsa ake yi. Saboda haka yaro mai otizim, musamman mace mai shiru, zai iya shekara goma ana cewa salihi ne. Alamomin da suka fi amfani gare mu su ne na farkon rayuwa: ya cika shekara ba ya juyowa in an kira sunansa alhali yana jin ƙarar babur daga nesa, ya kai wata goma sha takwas ba ya nuna abu da yatsa don a gani tare, ba ya wasan kwaikwayo irin na dafa ƙasa a gwangwani ko goyon 'yar tsana, ko ya fara wasu kalmomi sai suka ɓace. Wanda ya ga haka ya faɗa wa ma'aikatan jinya a wajen awo, kada ya jira wai kawunsa ma bai yi magana da wuri ba. Babu ƙwayar da ke cire otizim, amma koyarwa ta musamman da aka fara da wuri tana canza rayuwar yaro ƙwarai.

A otizim karatun zukata yana zuwa da wahala. Akwai kuma ciwon da karatun ke wuce gona da iri. Shi ne sikizofiriniya, wanda ke kama kusan mutum ɗaya cikin ɗari uku a duniya, yawanci daga ƙarshen samartaka zuwa shekaru ashirin da wani abu. Saurayi ya fara janyewa daga majalisa, ya daina wanka, sannan ya fara ganin niyya a inda babu ita. Mutum biyu suna dariya a bakin shago, da shi suke. Liman ya yi huɗuba, shi ake wa habaici. An zuba masa abinci, an sa masa wani abu. Wani lokaci yana jin muryoyi suna zancensa. Mu da muke wa'azi a kan munana zato ya kamata mu bambanta: akwai mugun zato na hali, wanda nasiha ke gyarawa, akwai kuma na ciwo, wanda in ka yi ta jayayya da mai shi sai ka shiga cikin jerin maƙiyansa. Shan wiwi tun da ƙuruciya yana ƙara haɗarin wannan ciwo, wannan kuwa ba sai mun faɗa wa mazauna zango inda ake sayar da ita ba. Yana da magani, kuma gwargwadon saurin fara shi gwargwadon sauƙin da ake samu.

Ciwon damuwa shi kuma yana rina karatun ne da baƙi. Mai shi ya gaida ka kana sauri ka amsa a gajarce, sai ya kwana yana cewa ka tsane shi. Yana ganin kansa kaya ne a wuyan iyalinsa, alhali suna sonsa. Daga nan sai ya guji mutane, kaɗaici kuma ya ƙara wa ciwon ƙarfi. In ɗan'uwa ya ɓace daga sahu mako biyu, uku, kafin mu ce imaninsa ya yi rauni mu je mu ƙwanƙwasa ƙofarsa. In kuwa ya furta cewa gara ya mutu, ko iyalinsa za su fi hutawa ba shi, wannan magana ce ta gaggawa: kada a bar shi shi kaɗai, a kai shi asibiti a ranar.

Wani zai ce, Malam, ina batun aljanu da sammu? Ba mu musun abin da nassi ya tabbatar, ruƙiyya ta shari'a kuma halal ce. Amma mun ga yara da samari da aka yi shekaru ana yawo da su gidan masu magani, ana turare, ana duka wai aljanin ake duka, wasu har da mari a ƙafa, alhali abin da ke damunsu yana da suna kuma an san yadda ake kula da shi. Shari'ar da ta ɗauke wa wanda hankalinsa ya gushe hisabi ba za ta yarda a ɗaure shi a gindin bishiya ba. Neman magani wajen likita kuma ba baƙon abu ba ne a tarihinmu. Abu Zaid al-Balkhi, wanda ya rasu a 934 Miladiyya, ya rubuta Masalihul Abdan wal Anfus, inda ya raba baƙin ciki gida biyu: mai sanannen dalili kamar rashi ko asara, da wanda ke sauko wa mutum ba dalili, wanda ya ce tushensa a jiki yake kuma yana buƙatar magani. Ya kuma shawarci mai fama da waswasi ya guji kaɗaici da zaman banza. Asibitin da Sarki Ƙalawun ya gina a Alƙahira a 1284 yana da sashen masu taɓin hankali.

A nan Gana akwai dokar lafiyar ƙwaƙwalwa ta 2012, wadda ta kare haƙƙin masu wannan lalura, hukumar da dokar ta kafa kuma ta haramta ɗaure su da sarƙa. Manyan asibitocin ƙwaƙwalwa uku ne, na Akra da Pantang da Ankaful, duk a kudu, amma ba sai an je can ba. Asibitin koyarwa na Komfo Anokye a nan Kumasi yana da sashen, asibitocin gunduma da yawa kuma suna da ma'aikatan jinya na ƙwaƙwalwa. Ana iya haɗa addu'a da shan magani, sharaɗin dai kada wani ya ce a ajiye ƙwayoyin likita.

Ga malaman makarantunmu kuwa, abin da muka koya daga wancan yaro kaɗan ne kuma ba ya cin kuɗi. Muka daina yi masa gatse, abin da muke so mu faɗa masa kai tsaye: "Ka yi shiru yanzu, in an gama za ka karanta." Muka bar masa wurin zamansa. In za a canza lokacin darasi sai mu gaya masa tun jiya. Gaisuwa muka koya masa ita kamar yadda ake koyar da alwala, gaɓa bayan gaɓa: wa ake fara gaidawa, me ake cewa da safe, me ake cewa in an yi rasuwa. Muka kira manyan ɗalibai biyu muka yi musu bayani, suka zama masu tare masa tsokana a hanyar gida. Ya sauke Alƙur'ani yana ɗan sha uku. Har yau in ya gaishe mu ba ya duban fuskarmu, kuma in aka yi raha a zaure yakan tambaya a bayyana masa abin da ya ba mutane dariya, sai a bayyana masa.